Shekarar da Na Bar Gyaɗa Saboda Dara

Na san abin da ake gaya muku game da shekarar da gyaɗarmu ta ƙone. Uwarku, Allah ya ƙara mata lafiya, takan ba da labarin tana dariya har da hawaye, wai tsoho da furfurarsa ya bar ruwa ya wuce hawasharsa, wato gonarsa ta ban ruwa, yana can Sinnar yana wasan kwamfuta. Ba ƙarya ta yi ba, haka aka yi. Sai dai daga tsakiya take farawa, ni kuwa ba na son ku gaji labarin a gutsure. Don haka ku yi haƙuri da ni, zan faro shi daga kakanku, Malam Idi, wanda yawancinku ba ku riske shi ba.

Baba yana goye aka taho da shi daga ƙasar Sakkwato a kan hanyar hajji, iyayensa suka yada zango a wannan ƙauye namu da ke kudu da Hajj Abdalla a nan Sudan, zangon da har yau ba a tashi ba. Manomi ne kamar kowa, amma abin da aka san shi da shi dara ce. Da an sallame la'asar zai zauna a gindin bishiyar ƙofar gida, ya tona gurabe talatin a ƙasa, shi ya ɗauki kara, abokin wasa ya ɗauki ƙwallon dabino. Ban taɓa ganin wanda ya ci shi sau biyu a jere ba. Kuma cin ba shi ne abin zafi ba, bakinsa ne. Kana ajiye ƙwallo inda bai dace ba zai dube ka ya ce, “Kai yaro, ina idonka?” ko da kuwa kai sa'ansa ne. Mutane su kwashe da dariya. Ni Haruna, kun san halina, ba na jure a yi mini dariya. Tun ina ɗan shekara ashirin na watsar da ƙwallayen wata rana na tashi, ban sake zama gabansa ba har ya bar duniya.

Ƙanena Bashir, autanmu, shi ba haka yake ba. A ci shi sau goma, zai yi dariya tare da masu yi masa. Shi ne ya tafi Madani koyon kwamfuta a lokacin da a ƙauyenmu ba wanda ya taɓa ganin ta. Wani rani ya dawo hutu da littafin rubutu, ya liƙe wa Baba. Duk karan da Baba ya matsar sai ya tambaye shi dalili, ya rubuta. Baba ya yi ta ƙorafi wai an hana shi wasa cikin natsuwa, amma kowa ya ga daɗi yake ji, don har aike yake a kira Bashir in ya makara. Ni kuwa haushi ya cika ni. Ina fama da hawasha ni kaɗai, daga gyaran kunya zuwa jiran ruwa a bakin tur'a, magudanar da ke kawo wa gonaki ruwa, ga ƙato da ƙarfinsa yana zaune a inuwa yana rubuta wasan tsofaffi. Bayan wata shida ko bakwai ya sake zuwa, ya same ni ina wasa lauje, fuskarsa cike da murna.

“Yaya, na gama. Na sa Baba cikin inji. Ka zo Madani ran Alhamis ka gwada shi.”

“Ran Alhamis dawa nake ba ruwa,” na ce. “Kai da ba ka da aikin yi, ka yi ta wasanka.”

Bai yi fushi ba, ya ce zai jira in samu sarari. Baba a lokacin ƙafa ta riga ta ƙi, bai iya tafiyar ba, kuma a daminar nan ya rasu. Shekara biyu bayan haka ciwon hanta ya ɗauke Bashir, bai yi aure ba, bai bar ɗa ba. Ban je Madani ba sai ranar da na je ɗauko akwatinsa. A ciki akwai riguna, da littattafai, da wani ɗan faifai baƙi mai kusurwa huɗu, bai kai tafin hannu ba, irin wanda suke kira filofi. Inna ta ɗauke shi, ta naɗe a ƙyalle, ta jefa cikin gwangwanin da take ajiye turarenta. Ban tambaye ta ba, don ba na son ganin sa. Ya zauna a can shekara goma sha biyar ko fiye, sai a ciwonta na ajali ta sa aka miƙo gwangwanin, ta ɗora mini ƙullin a hannu.

“Wanga na Bashiru na,” ta ce. “Yac ce naka na, in ka samu sarari.”

Wallahi da mari ta yi mini da ya fi sauƙi. Bayan an yi sadakar arba'in na zauna na duba: Baba babu, Bashir babu, Inna babu. Hoton Baba ɗaya ne, na takardar shaida, shi ma ya koɗe. Abin da ya rage na su biyun duka yana cikin wannan ɗan faifai mai ƙamshin sandal, in har akwai sauran wani abu a ciki. Na ƙudura sai na ga abin da ƙanena ya kira ni in gani na ƙi.

Yayarku Safiya a lokacin tana aure a Sinnar, tana aikin kwamfuta a wani ofis. An yi wa mijinta canjin aiki zuwa Bur Sudan, ran Juma'a za su tashi. Na hau mota ran Talata da safe, da niyyar in kwana ɗaya in dawo, don gyaɗa ta fara fure kuma muna sa ran a sako ruwan tur'a a ƙarshen mako. Na tarar da gidan a hargitse, an kwance gadaje, an ɗaure katifu, tukwane a cikin kwali. A nan ya kamata in faɗi wani abu da ba na jin daɗin faɗa. Ni ne na yi muku Larabci a gida tun kuna ƙanana. An yi mini dariyar harshe a makaranta, malami ya sa ni maimaita kalma ɗaya sau bakwai a gaban aji, na rantse ba za a yi wa nawa haka ba. Ya yi amfani, ba wanda ya taɓa yi muku dariya. Amma Safiya ta tashi tana jin Hausa tana amsawa da Larabci, kuma na san wannan rubutu ma wasunku sai an fassara musu. Duk maganar da zan kawo tata, da Larabci ta yi ta.

Ta juya faifan a hannu, ta yi murmushi, ta ce rabonta da ganin irinsa tun tana sakandare. Kwamfutocin yanzu ko ramin da ake zura shi ba su da shi. Ta bar ɗaurin kayanta ta fita, sai bayan azahar ta dawo da wani ɗan akwati mai igiya da ta aro wurin wani dattijo mai gyaran na'urori a kasuwa. Ta gargaɗe ni cewa faifan ya tsufa, wataƙila karatu ɗaya ya rage masa, don haka za ta fara kwashe abin da ke ciki kafin komai. Ta zura shi. Abin ya yi ta gurnani yana ƙwas-ƙwas kamar ɓera a rumbu, ni kuwa ina jan salati a zuci. Ya ɗauki lokaci, amma ya kwafu duka. Na ce alhamdulillahi, an gama ke nan. Ta ce a'a, yanzu aka fara. Ta danna wasan, wata baƙar taga ta buɗe ta rufe kafin in ƙifta ido. Ta sake, haka. Ta bayyana mini cewa wasan da kwamfutar ba sa jin maganar juna, an yi shi ne don injin da ya daɗe da mutuwa.

Ran Laraba ta samo wata manhaja a intanet, wadda ta ce aikinta shi ne ta yi wa wasan ƙarya, ta nuna masa har yanzu yana cikin tsohon injinsa. Na ce to, in dai ƙarya ce irin wannan, Allah ya yafe. Wuta ta ɗauke sau biyu kafin ta gama saukowa. Da ta gama, aka tayar da wasan, sai ga shi: gurabe talatin, biyar a shida, farare a kan baƙi. Na miƙe tsaye ban sani ba. Amma abin ya haukace, kana danna maɓalli ɗaya ƙwallaye su yi ta tsalle, wasa ya ƙare kafin ka gane an fara. Safiya ta ce injin yau ya yi masa sauri, ta yi ta rage masa gudu kaɗan-kaɗan har ya natsu. Sai matsala ta uku ta fito. A ƙarƙashin guraben akwai layin rubutu da ke canjawa bayan kowane motsi, amma ba haruffa ba ne, wasu 'yan akwatuna ne da ƙugiyoyi. Kuma wasan yakan tsaya yana jiran amsa, mu kuwa ba mu san abin da yake tambaya ba.

Muna cikin haka uwarku ta bugo waya. Ruwa ya iso da wuri. Shekarar nan tur'a ta cika da laka da ciyawa, ruwan ba yawa, in layinka ya wuce sai bayan mako biyu, in ma ya zo. Ku maza duk kuna Khartum. Maƙwabcinmu na hawasha ya ce zai taimaka, amma sai ya gama da tasa, kuma ban ga laifinsa ba. Ta ce in na hau mota yanzu zan iske shi. Na fita tsakar gida da wayar a kunne, na tsaya kusa da kwalayen. Ba da ruwa aikin yini biyu ne a tsaye cikin laka. Kafin in gama Safiya ta ɗaure kwamfutarta ta yi gabas, kuma na san 'yata, tana da kirki amma kayanta sun sha mata kai, in na juya baya za ta ce sai wani jiƙon. Na kuma tuna amsar da na ba Bashir ina wasa lauje. Na ce wa uwarku ba zan zo ba. Ta tambaye ni ko lafiyata ƙalau. Na ce ƙalau. Ta ce to, Allah ya kyauta, ta kashe wayar, kuma ku kun san yadda take kashe waya in ranta ya ɓaci.

Ran Alhamis da hantsi Safiya ta gano bakin zaren. A cikin faifan akwai wani ƙaramin fayil da ba mu kula da shi ba, ashe shi ne ke koya wa tsohon inji haruffan Larabci, sai an tayar da shi kafin wasan. Ta tayar da shi. 'Yan akwatunan nan suka juye suka zama haruffa. Ni a lokacin yanar ido ta fara rufe mini gani, ba a yi mini aiki ba tukuna, guraben nake gani amma rubutun sai dishi-dishi. Na zuba mata ido ina jira. Na ga murnar da ke fuskarta tana gushewa. Ta danna, ta karanta a zuci, ta sake dannawa, ta girgiza kai. Daga nan ta jingina da bango ta sauke numfashi.

“Ma'alesh, Abuy, ka yi haƙuri. Kharban ne, ya lalace. Haruffan sun fito amma a cakuɗe suke, ba kalma ɗaya mai ma'ana. Faifan ya daɗe da yawa.”

Ta ce ta yi iyakar abin da ta sani, rubutun da ya ruɓe ba mai dawo da shi. Ta fara naɗe igiyar akwatin aro don ta mayar wa mai shi. Na ji kunya, na ji haushin kaina, ga gyaɗa can tana ƙishi a banza. Na ɗauki hulata, har na sa takalmi ƙafa ɗaya. Ban san abin da ya sa ba, wataƙila taurin kan nan nawa da kuke kuka da shi, na ce mata kafin ta kashe ta karanta mini shirmen in ji da kunnena. Ta dube ni irin kallon da ake yi wa tsoho mai rigima, ta sunkuya ta karanta, tana jan kowace kalma.

“Kay… yaru… ana… adanak. Ka ji fa. Wai ‘ni ne kunnenka’. Ko rubutun ma ba daidai ba ne.”

Na ce ta sake. Ta sake. Na ce ta ƙara, da sauri wannan karon, kada ta tsaya tsakanin kalmomin. Tana faɗa na uku sai na zauna a kan kwalin tukwane ban duba ba.

“Ba ‘ana adanak’ ba ne,” na ce. “Ina idonka. Kai yaro, ina idonka?”

Ba abin da ya lalace. Hausa ce. Bashir ya rubuta maganar Baba da ajami, yadda muka koya a makarantar allo, sai dai babu wasali don injin lokacin ba ya sa su. Ashe ba dabarun wasan kaɗai yake kwashewa a littafin nan ba, har da bakin. Safiya kuwa, da digirinta da komai, ba ta taɓa ganin Hausa cikin waɗannan haruffa ba. A wurinta duk abin da aka rubuta da su Larabci ne, in bai yi ma'ana ba to ya lalace. Saura ƙiris mu rufe kakanta a karo na biyu saboda ba ta gane muryarsa ba, kuma ba laifinta ba ne, ni na yi wannan aiki da hannuna. Na faɗa mata haka a wurin. Na yi kuka, ban ɓoye ba, ita ma ta yi.

Gyaɗa dai ta tafi. Maƙwabcinmu ya samu ya jiƙa kusan kashi ɗaya cikin uku, sauran ta bushe da furenta. Shekarar nan mun ci miya ba mai sosai, an sayar da tumaki biyu, uwarku ta yi wata guda tana ajiye mini shayi ba tare da ta dube ni ba. Tana da gaskiya, ita ta ɗauki nauyin abin da na zaɓa, kuma har gobe ina gode mata. Ina gode wa Inna da ta adana abin da ba ta san mene ne ba, don kawai ɗanta ya taɓa shi. Ina gode wa dattijon kasuwa da bai jefar da tsohon akwatinsa ba. Akwai kuma mutanen da suka rubuta manhajar nan mai yi wa tsofaffin wasanni ƙarya suka bar ta kyauta. Safiya ta ce a ƙasashe daban-daban suke, ba su san Hausa ba, ba su san dara ba, ba su san akwai wani ƙauye a bakin tur'a ba. Ina sa su a addu'a duk da ban san sunan ko ɗaya ba. Bashir kuwa ban san yadda zan gode masa ba, sai dai in ce Allah ya kai haske kabarinsa, ya yafe mini.

To amma bari in koma wannan hantsi, don ban gama ba. Da muka share hawaye Safiya ta ce sai mu buga. Tambayar da wasan ke tsayawa yana yi, da muka haɗu muka warware ta, ashe cewa yake kara ko ƙwallo. Na ce ƙwallo. Tunda ba na ganin rubutu, muka raba aiki: ni in faɗi gurbi, ita ta danna, ta karanto abin da ya fito, in gyara mata wasali. Na ajiye na farko, na biyu, na uku. Hannun Baba ne, ba shakka, yadda yake barin tsakiya kamar bai damu ba sannan ya zagayo ta gefe. Ban daɗe ba na yi kuskure. Safiya ta fara karantawa, ta kai rabi, sai ta rufe baki da mayafi. Wannan ta gane shi da kanta.

“Abuy, ba zan iya faɗa maka wannan ba.”

“Karanta. Ba ke ke faɗa ba, kakanki ne.”

Ta sunkuyar da kai ta ce, a hankali, “Mi kake yi nan, wasa ko kwana? Raggo.” Muka fashe da dariya mu biyu, har mijinta ya leƙo daga inda yake ɗaure kaya. Ban taɓa jin daɗin a yi mini dariya a kan dara ba sai ran nan. Haka muka ci gaba, yana cin ƙwallayena ɗaya bayan ɗaya, 'yata tana zagina da izinina, harshenta yana warwarewa da kowane layi. Na yi iya ƙoƙarina, na rantse, ban sakar masa ba. Ya cinye ni tas.

Da ƙwallona na ƙarshe ya tafi, guraben suka ɓace, layi ɗaya ya rage a tsakiyar allo. Na gyara zama ina jiran babban zagi, don ni ban taɓa tsayawa na ji abin da Baba ke cewa bayan ya gama da mutum ba, kullum kafin nan na yi fushi na bar wurin. Safiya ta dube shi ta daɗe. Ba ta nemi in gyara mata ba. Ta karanta shi daidai, da Hausa, tiryan-tiryan.

“Tashi ka sha ruwa ka dawo. Ban gaji da kai ba.”

An riga an ɗaure kofuna. Na je randa na sha da hannu, na dawo na zauna, na ce mata ƙwallo.